Ƙafafun Kumo

Tobiura, 20 ga Nuwamba, 1989

Zuwa ga Kazunori, jikan yayana,

Bayan gaisuwa. Sanyi ya shigo mana da wuri bana. Tsawar da ke kawo kifin buri ta fara tun makon jiya, amma kifin bai biyo ta ba tukuna. Ina fatan kana lafiya, kai da matarka da 'yar taku mai haƙoran zomo. Ni dai gwiwar hagu ce. Likita ya ce in daina hawa tudun makabarta, na ce masa ai saura hawa ɗaya, shi kuma ɗauka za a yi.

Ka san rubutuna, na ƙananan baƙaƙe ne, masu bin sautin kalma kawai, shekara uku na yi a makaranta aka sa ni a jirgi. Ka karanta a hankali.

Shekaranjiya na je aski, sai Genta wanzami ya miƙo mini wata mujalla ta yara yana washe baki. Ya ce, "Tsoho, ga gidanku a takarda." Na duba, ga sunanka, Urabe Kazunori, wai kai ka rubuta labarin, kai ne kuma darakta. Ga jirgin kakanka Chotaro, mai suna Ebisu, na gane shi da karkataccen hancinsa. A samansa kuma ga wani baƙin gizo-gizo kamar tsauni, ya kafa ƙafafu a teku yana shirin haɗiye shi. Genta ya daina dariya da ya ga fuskata. Da rabin aski na dawo gida.

Wa ya gaya maka? Bara da ka zo ka yi kwana huɗu, a rana ta uku ka fita tun safe ba ka dawo ba sai yamma, ka ce duwatsun bakin ruwa ka je zanawa. Duwatsu ba sa magana. Gidan wa ka shiga?

Mutum takwas muka fita a jirgin nan, ni kaɗai na dawo. Shekara hamsin da takwas ni ke tsayawa bakin ruwa ranar bikin Bon na tunawa da matattu in kira sunayen bakwai ɗin, in ba da labarinsu. Da ka roƙe ni in rubuta maka shi, na rubuta don kai jinin Chotaro ne, ban rubuta don ka yi tallarsa ba.

Ka cire gizo-gizon nan. In ya fito a majigi, akwai gidan da ba zai ƙara ɗaga kai a garin nan ba. Ba na neman shawararka.

Na aiko maka da busasshen kifi, ba don ka cancanta ba.

Tomezo

*

Tokyo, 9 ga Disamba, 1989

Kaka,

Ina gaishe ka da girmamawa. Kifi ya iso, mun gode. Mai haƙoran zomo ta ce in gaya maka haƙoran sun zube, sababbi na tafe, kai naka fa? Ka bi maganar likita.

Wasiƙarka ta ɗaure mini kai. Ban shiga gidan kowa ba. Duwatsu na zana, suna cikin fim ɗin, za ka gane su ɗaya bayan ɗaya. Wanda ya gaya mini zancen gizo-gizo kuwa kai ne. Littafin da ka rubuto yana gabana, ga abin da ka ce a shafi na shida: "Sai kumo ya taso daga arewa, baƙi ƙirin, ƙafafunsa na da sauri. Kafin mu juya ya sauke ƙafafu a ruwa, ya rufe mu, ya ci jirgin." Kumo ai gizo-gizo ne, Kaka. Na ɗauka tsohuwar tatsuniyar garinmu ce, yadda mutanenmu ke faɗin abin da ba ya faɗuwa. A kan layin nan uku na gina fim ɗin gaba ɗaya.

Bari in gaya maka abin da kake cewa in cire. Ina da shekara goma sha tara na zo garin nan. Shekara huɗu aikina zanen tsakiya, wato wani ya zana hannu a sama, ya zana shi a ƙasa, ni in cike abin da ke tsakani. Daga nan shekara goma sha shida ina yi wa talabijin mutanen ƙarfe masu harbin juna, don yara su gani ranar Asabar su matsa wa iyayensu a saya musu ranar Lahadi. Na rubuta labari shida nawa na kaina, duk suna cikin akwati. Wannan ne na farko da aka ce mini to. Mutum sittin ke aiki a ƙarƙashina, an riga an yi wa takardun roba dubu talatin da ɗaya fenti da hannu, kuma a fiye da rabinsu akwai ƙafar gizo-gizo ko inuwarsa ko saƙarsa. A ƙarshen Yuli za a fara nunawa. In na cire shi babu fim, kuma ba za a sake ba ni wani ba.

Wane gida kake nufi? Ni ban san kowa ba sai kai da Genta.

Jikanka,
Kazunori

*

Tobiura, 14 ga Janairu, 1990

Kazunori,

Barka da sabuwar shekara, tunda dole ne a faɗa. Ƙanƙara ta kai gindin taga. Wainar shinkafa ta so ta maƙale mini a wuya, ban yarda ba. Buri ya zo, amma ƙanana.

Na karanta takardarka sau uku. Tir da karatun da aka kashe maka! Kumo girgije ne, ja'iri. Girgije! Kowane ɗan masunci tun yana goyo ya san ƙafar kumo, wato gudun girgije a sama, kuma ya san in hadari ya sauke ƙafafu ruwa ne ke zuba daga nesa. Wane gizo-gizo ne ke tasowa daga arewa a watan Nuwamba? Ubanka da ya bar garin nan yana ɗan shekara goma sha biyar bai koya maka ko duban sama ba?

Amma fa ban yarda kuskure ka yi ba. Ruwa ba ya tsami banza. Mutum sittin, duk masu karatu, a ce babu wanda ya ɗaga kai ya ce anya ba girgije ba ne? Kuma a duk abin da za ka ɓata da shi, sai ka faɗa kan wannan?

Tunda kana so ka yi kamar ba ka sani ba, to ji. Akwai wani mutum a garin nan, Sakichi, mai saƙa taru da tufka igiya. Yatsunsa dogaye ne, kullum yana tsugune a tsakiyar zare, shi ya sa ake ce masa Kumo, irin naka mai ƙafa takwas. Har gidan ma gidan Kumo ake cewa. Bayan jirgi ya nutse gari ya yanke su: ba gaisuwa, ba ciniki, ba cin abinci tare, ba a shiga musu sai in gobara ce ko mutuwa. Ya daɗe da rasuwa. 'Yarsa Tsune na nan a gidan ƙarshe, wajen da hanya ke ƙarewa. Shekararta sittin da biyar, ba ta taɓa aure ba. Yaran yanzu sun manta dalili, har suna sayen ruwan kifin da take jiƙawa. Sai ga shi kai za ka rataya gidan Kumo a bangon kowane majigi yana cin jirgin Ebisu.

Ubanka ne ya bar maka wasiyya kafin ya rasu ka rama masa? Ko uwarka ce? Ita dama tun ranar ɗaurin aurenta ban ga alamar bakinta zai zauna ba.

Hular ulun da ka aiko na ba Genta.

Tomezo

*

Tokyo, 11 ga Fabrairu, 1990

Kaka,

Ina gaisuwa. Muna lafiya, sai dai idona na dama ya fara rawa, likita ya ce hasken teburin zane ne.

Da na karanta kalmar girgije sai na fashe da dariya a gaban mutane, har mai kula da fenti ta zo ta tambaye ni lafiya. Shekara biyu, Kaka. Na rantse da kabarin babana kuskure ne. Babu wanda ya ga littafinka sai ni, su abin da na zana musu kawai suka bi.

Amma ka sa ni tambaya, na kuma tambaya. Na je wajen Mama ranar Lahadi, na ce me ya kashe kakana. Ba ta ko ajiye butar shayi ba ta ce, "Kumo mana. Wani mai igiya ne, ya sa wa jirgin ruɓaɓɓiyar igiya. Babanka ya ce ƙanin babansa ne ya faɗa da bakinsa ranar da aka tsamo shi." Ƙanin babansa kai ne.

Yanzu ni ne ban gane ba. A wasiƙarka ka ce girgije. A bakin ruwa, in ji Mama, ka ce mutum. Wanne ne ya ci jirgin?

Na koma kan littafinka na duba da idon mai duba zane. Ka ce ƙananan baƙaƙe kaɗai ka iya, amma ba haka ba ne. Ka rubuta teku da babban baƙi, irin wanda shi kaɗai ke ɗauke da ma'anar kalma, ka rubuta jirgi, ka rubuta ruwan sama har sau tara. Babban baƙin girgije kuwa, wanda ba ya rikicewa da na gizo-gizo, wanda kake gani kullum a shafin yanayi na jarida, hawa biyu ne: ruwan sama a bisa, "faɗa" a ƙarƙashi. Na bisan ka iya shi. Na ƙarƙashin ne ya gagare ka?

Ba rashin kunya nake maka ba. A ƙarshen Maris za mu shiga zanen ƙarshen fim, inda jirgi ke nutsewa. Kafin nan ina so in san abin da zan sa mutum sittin su zana.

Jikanka,
Kazunori

*

Tokyo, 2 ga Afrilu, 1990

Kaka,

Ina fatan lafiya ce ta sa shiru. Mako bakwai ke nan. Na buga waya shagon Genta, ya ce kana nan da ƙafarka, har ka hau tudun makabarta sau biyu, amma da ya ce ni ne sai ka ce ba ka ji, kunnenka ya toshe.

Na ce wa furodusa hannuna ne ke ciwo, ya ba ni mako uku. Bai yarda da ni ba, kullum sai ya leƙo ya dubi hannun. Bayan mako ukun zan zana abin da ke cikin labarin tun farko: gizo-gizo ya ci jirgin.

Kazunori

*

Tobiura, 15 ga Afrilu, 1990

Kazunori,

Gaisuwa. Furanni sun buɗe a harabar haikali. Lafiyata ƙalau, kunnena ma ƙalau.

Na so in ƙyale ka. Na ce wannan ɗan birni tarko ya ɗana mini da zancen hawa biyu, yana so ya sami abin ƙara wa fim ɗinsa gishiri. Har yanzu ban tabbata ba haka ba ne. Amma gara kai ka sayar da ni da ka sayar da Tsune.

Ranar nan da hantsi muka fita, gari garau. Muna wuce tsibiri sai ga shi a arewa, baƙi, ƙafarsa da sauri. Duk mun gan shi. Tsoho Yasu mai riƙe da tuƙi ya ce, "Chotaro, mu juya." Kakanka ya tofar da yawu a ruwa ya ce, "Buri na ƙarƙashinsa. Jirgin mutanen garin Akasaki ya riga mu, kuna so su yi mana waƙa? Wanda ke jin tsoro ya koma gida ya ɗaura zanen matarsa." Mutum ɗaya ne ya yi dariya ya ce a tafi. Ina da shekara goma sha tara, kuma a duniya ban ga kamar yayana ba. Ashe mutanen Akasaki tuni sun laɓe bayan tsibiri.

Ba igiyar da ta tsinke. Kwana goma kafin nan Sakichi ya sabunta mana su duka. Jirgi ne ya kife. Da guntuwar igiyarsa na ɗaure kaina a jikin katako, ita ta riƙe ni har ruwa ya tofo ni bakin gari da rana tsaka. Sakichi da kansa ya kwance ƙullin, don ba wanda ya iya.

Na buɗe ido, ga uwarmu, ga matar Chotaro riƙe da hannun ubanka yana ɗan shekara shida, ga matan sauran shida. Uwarmu ta ce, "Tome, me ya faru? Ina yayanka?" Na ce, "Kumo ne." Girgije nake nufi, wannan kam na sani. Sai matar Yasu ta juya ta dubi Sakichi, ga igiya a hannunsa tana ɗiga. Sai kowa ya juya. Wani ya ce, "Igiyarsa ce ta tsinke?" Tari ya kama ni. Tarin gaske ne, amma da ya lafa ban ce komai ba.

Bayan kwana uku dattawa suka zauna, suka kira ni. Da na ce girgije, za su ce ba ku gan shi ba? Da na ce mun gani, za su ce wa ya ce a tafi? Gida shida za su juyo kan gidanmu, kan uwarmu, kan ubanka. Na sunkuyar da kai. Suka ce yaro na jin nauyin faɗa, amma an gane.

Sakichi bai taɓa kare kansa ba. Ya rayu shekara goma sha biyu yana saƙa tarun da sai ya kai wani gari kafin a saya. Da ya mutu mun je mun binne shi, don al'ada ta ce a je, mun dawo ba wanda ya sha ko ruwan gidan. Bayan yaƙi hukuma ta ce an hana yanke mutum daga gari. Aka koma gaisuwa a hanya. Amma har yau ban ji wanda ya zauna ya ci abinci a gidan nan ba.

Kowace shekara ranar Bon ina faɗin labarin da kalmar nan guda, kowa ya ji abin da yake so. Ban taɓa yin ƙarya ba, haka nake gaya wa kaina. Ka tambaya ko da gangan na rubuta maka da ƙananan baƙaƙe. Ban sani ba. Hannu ya saba.

To ga shi, ka samu. Kakan da ubanka ke kunna wa turare kowace safiya shi ne wannan. Ka yi yadda ka ga dama da ni, amma ka cire gizo-gizon.

Tomezo

*

Tokyo, 28 ga Afrilu, 1990

Kaka,

Ina gaishe ka. Na karanta, na kuma karanta wa hoton Baba. Ban gaya wa Mama ba tukuna.

Na je wajen furodusa na ce a cire. Ya dube ni kamar na ce a kwashe teku da ludayi. Hotunan bango sun riga sun tafi majigi ɗari da ashirin. Ya ce in na sake tayar da zancen, mataimakina zai ƙarasa fim ɗin, ni kuma in koma wajen mutanen ƙarfe, in ma sun karɓe ni. In na tafi, gizo-gizo zai ci jirgin ko ina nan ko ba na nan.

Abin da ya rage a hannuna minti tara ne na ƙarshe, su ne ba a zana ba. Har zuwa nan ba a taɓa nuna gizo-gizon ya taɓa kowa ba, mutanen gari ne ke tsoronsa. Zan iya sa girgije ya taso, Kakana ya gan shi ya ce a tafi, jirgi ya kife, sannan gizo-gizon ya jefa zarensa ya ceto mutum ɗaya. Furodusa ba ya duba zanen shiri, sai an gama fenti zai gani, lokacin ba halin gyara. Wataƙila shi ne fim ɗina na ƙarshe. Na yarda.

Amma sunan da ke ciki ba nawa ba ne, ba naka ba ne. Na ɓata shekara biyu don ban tambayi mai abu ba, ba zan ƙara ba. Ka je wajen Tsune. Ka kai mata hoton, ka gaya mata abin da ka gaya mini, abin da ta ce shi zan zana. Ba zan rubuta mata da kaina ba, kai ne za ka je. Ina da kwana ashirin.

Jikanka,
Kazunori

*

Tobiura, 12 ga Mayu, 1990

Kazunori, ɗan nema,

Gaisuwa. An fara dashen shinkafa a bayan tudu. Gwiwa na nan.

Da na ga takardarka na ce lalle yaron nan so yake ya kashe ni ya gaji tukwanena. Kwana tara ina fita da niyya, in kai shagon Genta in zauna. Ya yi mini aski sau uku, na ukun ya ce, "Tsoho, sai dai in fara kan kunne." Ranar Alhamis na wuce shagon.

Na same ta a bayan gida tana juya gangar kifi, hannu duk gishiri. Ta ɗago ta dube ni, ta dubi rufin gidanta, ta ce, "Mai gidan Urabe da kansa? Ban ga hayaƙi ba, kuma dai ban mutu ba tukuna. Wanne ne?"

Na ce, "Magana ce, Tsune."

Ta ce, "To faɗe ta daga nan, iska na kaɗowa ta wajenka."

A tsaye na faɗa, duka, har da dariyar da na yi a jirgi. Ba ta daina juya ganga ba. Da na gama na jira ta jefe ni da wani abu. Sai ta ce, "Shi ke nan? Wannan ka ɗauko tun daga can da gurguwar ƙafa?"

Na ce, "Ba ki ji ba ne? Na ce girgije ne."

Ta ce, "Yo wa bai sani ba? Ina da shekara bakwai, ni da uwata muka kwashe kifin shanya da gudu don mun gan shi. Matar Yasu ma ta kwashe nata, muna kallon juna. Garin masunta ne fa, Tomezo. Kana tsammani mutum ɗari uku ba wanda ya ɗaga kai ranar?"

Ta ce, "Gida bakwai sun rasa maza. Sama kuwa ba a iya dukanta. Gidanku kuma ku ne masu jirgi, kowa a ƙarƙashinku yake ci. Saura wa? Kai dai ka miƙa musu kalma, su kuma dama hannunsu a buɗe yake. Shekara hamsin da takwas kana tafiya kamar kai kaɗai ka haɗiye dutse. Ko a nan ma girman kan gidan Urabe ne."

Ban san ko ta sauke mini kaya ba ne ko ta ƙara. Na miƙa mata hoton mujallar. Ta goge hannu, ta kai shi nesa da ido, ta daɗe. Ta ce, "Wannan ne babana?" Na ce yaron bai sani ba, kuskure ne. Ta ce, "Ya fi shi ƙiba." Sai ta sa yatsa a kan saƙar, ta ce, "Wa ya ƙulla wannan? Ko kifin da ya mutu sai ya kuɓuce. Babana bai taɓa irin wannan ƙulli ba."

Na gaya mata shawararka, ta zaren da zai ceci mutum. Ta ja tsaki. Ta ce, "A'a. Babana bai ceci kowa ba, igiya ya tufka mai kyau kamar yadda yake yi kullum. An mai da shi dodo, yanzu kuma za a mai da shi gunki? Dodo da gunki duk ba a kiransu cin abinci."

Ga abin da ta ce ka zana, na sa ta maimaita don kada mu sake kwana biyu a kan kalma. Girgije ya taso, kowa a gari ya gan shi, mata na kwashe shanya. Chotaro ya faɗi maganarsa yadda ya faɗe ta, har da zanen mata. Girgije ya ci jirgin. Gizo-gizo kuma yana bakin ruwa yana saƙarsa, bai je ko'ina ba. Sannan a tsamo mutum ɗaya, ya faɗi kalmarsa, mutane su juya. Ta ce a nan za ka kashe fentinka, a kan fuskokin lokacin da suke juyawa, ɗaya bayan ɗaya, kada ka yi sauri. Wanda aka tsamo kuma ka bar shi da baki a rufe. Wannan ni na ƙara.

A cikin ambulan akwai guntun taru, saƙar Sakichi ce da hannunsa. Ta ce ka duba ƙullin da kyau, kuma ka dawo mata da abinta. In ka ɓatar, ka nemi wani kakan.

Kalmar nan kuma ga ta a ƙasa da babban baƙi, hawa biyu. Na ƙarƙashin ya ɗan karkace. Kada ka yi dariya.

Da zan tafi na ce, "Tsune, ni me zan yi?" Ina nufin ko in faɗa a gaban mutane ranar Bon. Ta ce, "Ranar Bon ka faɗi abin da ka ga dama, matattu sun riga sun sani. Gobe da rana tsaka ka zo. Ta ƙofar gaba, ba ta nan ba. Ka biyo ta gaban shagon Genta, ka gaya wa duk wanda ya tambaye ka inda za ka."

Na je jiya. Mutum huɗu suka tambaye ni, na gaya musu. Jikar Yasu ta biyo ni da ido har kwanar ƙarshe, bokiti a hannu. Tsune ta bar ƙofa a buɗe, ta shimfiɗa mini matashi inda duk mai wucewa zai gani. Shinkafa ce da gasasshen kifi da miyar miso. Ba ta ce ta yafe ba, ban kuma tambaya ba. Ta zauna tana kallona har na ɗaga kwano.

Miyar gishiri ya yi mata yawa, har ya sa ni hawaye. Na sha kwano biyu.

Kakanka,
Tomezo